Wankan Jini: Yadda Gajeren Fim Yake Ɗaukar Matan Sarauta Masu Baƙin Suna

Wata ranar Laraba, bayan mun tashi daga darasin Faransanci, wata ɗaliba ƴar ajin ƙarshe ta tsaya a bakin ƙofa har sauran suka watse, sa'an nan ta miƙo mini salularta ta ce: «Mushe, don Allah dubi wannan. Wai da gaske an yi haka?» Wani ɗan gajeren fim ne wanda bai kai minti goma ba. Ga wata mace sanye da tufafin sarauta zaune gaban madubi, ga kuyanga tana taje mata kai. Kuyangar ta ja gashin da ƙarfi, uwar ɗakin ta kwaɗa mata mari har jini ya ɗiga a bayan hannunta, da ta goge sai ta ga fatar wurin ta yi laushi kamar ta yarinya. Daga nan aka nuno ta kwance cikin kwatarniya cike da jini. A ƙarshe rubutu ya fito, yana cewa sunanta Elizabet Batori, ta kashe ƴan mata 650 don kada ta tsufa, kuma wannan labari ne na gaskiya.

Na yi wa yarinyar alkawarin amsa, kuma na ga ya dace in kawo amsar a gaban ƴan'uwana malamai da ƙungiyoyinmu na al'adu, domin ba ita kaɗai take da wannan tambaya ba. Irin waɗannan finafinai sun cika intanet: wasu ɗaliban makarantun sinima ne suke yin su, wasu zane ne mai motsi, wasu kuwa hotuna ne kawai da muryar mai ba da labari. Ta hanyarsu ne yaranmu da yawa suke fara haɗuwa da tarihin wasu ƙasashe. Hausawa na cewa gani ya kori ji. To, idan abin da aka gani shirya shi aka yi, lalle ne mu tambayi me ya kora.

Inda salon ya samo asali

Gajeren fim yana da ƙa'ida ɗaya da ba ya iya ketarawa, ita ce ƙarancin lokaci. Mai minti goma ba shi da damar bayyana gadon sarauta, ko rikicin addini, ko bashin da ke tsakanin sarki da hakimansa. Dole ya nemi hoto guda wanda zai zauna cikin idon mai kallo bayan an kashe fitila. A labarin Batori, wannan hoto shi ne wankan jini.

Wanda ya fi kafa wannan hoto a sinima shi ne Walerian Borowczyk, mutumin ƙasar Polan da ya zauna a Faransa, wanda da ma da gajerun finafinai ya yi suna. A shekara ta 1974 aka fara nuna fim ɗinsa Contes immoraux a gidajen sinima na Faransa. Gajerun labarai huɗu ne a haɗe, biyu daga cikinsu a kan matan sarauta: Elizabet Batori da Lukresiya Borjiya. Paloma Picasso, ɗiyar shahararren mai zanen nan, ita ta fito a matsayin Batori. Fim ne na batsa wanda ba mai shigar da shi aji, amma tsarinsa ya cancanci a lura da shi, saboda har yau shi ake bi. Basarakiyar ta hau doki ta zaga ƙauyuka tana zaɓen ƴan mata, aka tara su a fadarta, aka kashe su, ta yi wanka da jininsu, sa'an nan sojojin sarki suka zo suka kama ta. Kusan babu magana cikin labarin. Ƴan matan ba su da suna, ba su da iyaye, ba su da gari. Ado ne kawai na wurin da za a yi wankan.

Abin da takardu suka ce

An haifi Elizabet Batori a shekara ta 1560 a Nirbator, cikin ƙasar Hungari. Gidansu yana cikin manyan gidajen Turai ta Tsakiya, har kawunta Istiban Batori ya yi sarautar Polan daga 1576 zuwa 1586. A 1575 aka aurar da ita ga Feransi Nadasdi, jarumin da ya ƙare rayuwarsa yana yaƙi da Turkawa. Yayin da yake fagen fama, ita take riƙe da gidaje da gonaki da ƙauyuka, tana rubuta wasiƙu, tana karɓar haraji, tana sasanta rigingimu. Ya rasu a 1604, ya bar ta da dukiyar da ta fi ta yawancin hakiman ƙasar, kuma fadar sarki tana da bashin gidansu mai yawa a kanta.

Tun kafin rasuwar mijin, wani limamin coci mai suna Istiban Magyari ya fara kuka a fili game da ƴan aikin da ke mutuwa a gidanta. Ba a yi kome ba. Sai a 1610 Sarki Matiyas na Biyu ya umarci Jorji Turzo, wanda yake kamar wazirin ƙasar, ya bincika. Marubutan shari'a suka ɗauki maganar shaidu fiye da 300. A ƙarshen watan Disamba na 1610 Turzo ya dira gidanta na Ceyte, garin da yake cikin ƙasar Sulobakiya a yau, ya kuma rubuta wa matarsa cewa ya tarar da gawar yarinya ɗaya da wata da ke da raunuka.

A cikin Janairu na 1611 aka gurfanar da barorinta huɗu, mata uku da namiji ɗaya. An azabtar da su kafin su yi magana. Sun ba da labarin duka, da ƙuna da ƙarfe mai zafi, da soka allura, da zuba wa yara ruwa a waje cikin tsananin sanyi. Adadin mamatan da suka faɗa ya kama daga wajen 36 zuwa 50 da ƴan kai. An ƙone mata biyu, an sare kan namijin, ta huɗun aka ɗaure ta. Ita kuwa uwar ɗakinsu ba a taɓa kai ta gaban alƙali ba. Ɗanta da surukanta sun daidaita da Turzo a kan a tsare ta a gidanta, domin da an yanke mata hukunci da dukiyar gidan ta koma hannun sarki. Fadar sarki kuma ta huta da biyan bashi. A nan Ceyte ta rasu cikin watan Agusta na 1614.

To, ina 650 ya fito? Daga bakin mace guda, wata ƴar aiki wadda ta ce ta ji wani ma'aikacin gidan ya ga wannan adadi cikin wani littafi na uwar ɗakin. Ba a taɓa ganin littafin ba. Ji-ta-ji-ta ce hawa biyu, amma ita ce ake rubutawa da manyan baƙaƙe a ƙarshen fim.

Wankan jinin kuwa, cikin shaidu fiye da 300 babu ko ɗaya da ya ambace shi, alhali mutanen ba su ɓoye wani abin ƙyama ba. Ya fara bayyana a rubuce a shekara ta 1729, wato shekara 115 bayan mutuwarta, cikin littafin wani malamin Katolika mai suna Laslo Turoci. Kada mu manta Batori ƴar Furotesta ce, kuma a zamanin Turoci gaba tsakanin ɗariƙun biyu ba ta huce ba. Marubutan da suka biyo baya suka ƙara gishiri. A 1817 aka buga maganganun shaidun, kowa ya ga babu wanka a ciki, amma labarin ya riga ya yi nisa. A 1962 marubuciyar Faransa Valentine Penrose ta sake hura masa wuta da littafinta La Comtesse sanglante, sinima kuma ta karɓa. Duk wanda ya taɓa yanka rago ranar layya ya san cewa jini ba ya jimawa yake daskarewa, ba abin da za a cika kwatarniya da shi a kwanta ba ne. An ce ƙarya fure take ba ta ƴaƴa, amma wannan kam ta yi ƴaƴa har da jikoki.

Abin da hoton ya rufe

Ga inda matsalar take. Gajeren fim yana ɗaukar yankin labarin da ya fi kowane rashin hujja, ya mai da shi zuciyar labarin. Yin haka yana sauya dalilin laifin. Macen da ta yi wanka da jini don ta riƙe ƙuruciya mahaukaciya ce ko mayya, ita kaɗai ce irinta, babu abin da za a koya daga gare ta sai tsoro. Amma macen da ke cikin takardu tana zaune ne cikin wani tsari. Bayan tawayen manoma na 1514, dokar Hungari ta ɗaure talaka da gonar ubangidansa, ba shi da ikon tashi, kuma ubangidan nan shi ne alƙalinsa. Ɗiyar manomi da aka kai aiki gidan sarauta ba ta da inda za ta kai ƙara. Shekaru aka yi ana binne ƴaƴan talakawa ana gunaguni, hukuma ba ta motsa ba sai da maganar ta shafi ƴaƴan ƙananan masu sarauta waɗanda ake aikowa gidanta su koyi ladabin fada. Da aka zo hukunci kuma, barori aka ƙone, mai gida ta mutu a kan gadonta. Wannan shi ne abin tsoro na gaske cikin labarin, kuma shi ne ɗalibinmu zai iya ganewa, domin ya san abin da ake nufi da ƴar aiki a gidan mai hali.

Akwai kuma kuskure na biyu, wanda ya fito daga ɗaya gefen. Wasu masanan Hungari, kamar Laslo Naji da Irma Sadecki-Kardos, sun nuna raunin shari'ar: azabtar da shaidu, da yawan ji-ta-ji-ta, da maganar bashi, da kasancewar ɗan'uwanta Gabor Batori, mai mulkin Taransilbaniya, abokin hamayyar gidan sarautar Habsburg ne. Aikinsu yana da amfani. Sai dai da maganar ta isa sinima, ta zama wani hoto guda ita ma: mace mai ilimi, mai warkar da marasa lafiya, wadda maza suka ƙulla wa sharri don su ci dukiyarta. Haka Juraj Jakubisko ya nuna ta cikin dogon fim ɗinsa na 2008, kuma gajerun finafinai da dama sun bi sawunsa. Mai kallo yana fita da tausayinta. Ƴan matan da aka binne kuwa, a nan ma an manta da su. Da mai cewa mayya ce da mai cewa waliyyiya ce, duka idonsu a kan mai sarauta yake.

Don kada wani ya ɗauka duk baƙin sunan da aka ba mace ƙage ne, sai mu dubi ƙasar Rasha. Dariya Saltikoba, wadda aka haifa a 1730, bazawara ce mai gonaki da bayi ɗaruruwa. A 1762 bayinta biyu suka samu suka kai kuka ga Sarauniya Katarina ta Biyu. Shekara shida aka yi ana bincike, a 1768 aka same ta da laifin kashe mutum 38, yawancinsu mata. An tsayar da ita a dandalin birnin Mosko jama'a suka gan ta, sa'an nan aka kulle ta a wani gidan ibada har ta mutu a 1801. Nan akwai shari'a, akwai hukunci. Zalunci ba ya tambayar namiji ne ko mace. Iko marar mai tsawatarwa shi ne gonarsa.

Madubi da shimfiɗa

Mace ta biyu cikin fim ɗin Borowczyk tana nuna mana wani abu daban. Lukresiya Borjiya, 1480 zuwa 1519, ɗiyar Fafaroma Alezanda na Shida ce. Fim ɗin ya nuna ta tana lalata da mahaifinta da wanta. Wannan zargi yana da tushe sananne: mijinta na farko, Jobanni Siforza, shi ya yaɗa shi lokacin da aka raba aurensu da ƙarfi a 1497, bayan an tilasta masa ya amsa cewa ba shi da kuzarin namiji. Maganar mai jin haushi ce. Zancen guba kuwa, wanda wasan kwaikwayon Victor Hugo na 1833 ya sa ya shiga kowane gida a Faransa, babu wata hujja da ta nuna ta taɓa ba wani. Abin da aka tabbatar shi ne sau uku danginta suka aurar da ita don siyasa, mutanen wanta suka kashe mijinta na biyu a 1500, ta riƙe mulkin garin Sifoleto tana ƴar shekara 19, ta ƙare rayuwarta a Ferara tana taimakon mawaƙa da gidajen ibada, ta rasu bayan haihuwa.

Mai karatu zai lura da wani abu. Idan aka zo ba da labarin azzalumin sarki, ana maganar yaƙi da haraji da kwaɗayin ƙasa. Idan mace ce, sai a kai mu gaban madubi ko bakin shimfiɗa, kamar dai ba ta da wani dalilin aikata alheri ko sharri sai kyau da sha'awa. Gajeren fim ba shi ya ƙago wannan ɗabi'a ba, gadonta ya yi daga masu wa'azi da marubuta, amma shi ya fi kowa saurin yaɗa ta.

Mu ma muna da namu

Wannan magana ba ta tsaya a Turai ba. Tsofaffin rubuce-rubucen da suka ambaci Amina ta Zazzau, wato Tarihin Kano da Infaƙul Maisuri na Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, abin da suka kawo shi ne yaƙi da cin ƙasashe da haraji. Sunanta kuma ya zauna a kan ganuwoyi. Amma a labaran baka akwai zancen cewa duk garin da ta sauka sai ta ɗauki namiji ta kwana da shi, da safe ta sa a kashe shi. Idan aka ba matashi kyamara da minti bakwai aka ce ya yi Amina, wanne muke zato zai ɗauka, ganuwa ko wannan dare?

Nan gida kuma ga Sarauniya Mangu ta Lugu, a ƙasar Arewa. A watan Afrilu na 1899 ita da mutanenta suka tari rundunar Voulet da Chanoine. Hafsoshin Faransa da suka ambace ta cikin rubutunsu, matsafiya suka kira ta. Su ne kuwa mutanen da suka ƙone garuruwa a kan hanyarsu, suka yi wa Birnin Ƙonni kisan gilla cikin watan Mayu, har Voulet ya sa aka harbe Kanar Klobb, ɗan ƙasarsu, a Dankori ran 14 ga Yuli na wannan shekara. Ke nan kafin mu karɓi baƙin suna sai mu dubi hannun da ya shafa shi. Daga baya Abdullahi Mamani, cikin littafinsa na 1980, da Med Hondo, cikin fim ɗinsa na 1986 wanda ya ci babbar kyautar bikin sinima na Wagadugu a 1987, suka mayar mata da martabarta. Muna alfahari da wannan aiki. Duk da haka wajibi ne mu gaya wa ɗalibai cewa littafin ƙagaggen labari ne da aka gina a kan abin da ya faru, kuma tambayar da muke yi wa labarin zagi ita za mu yi wa labarin yabo.

Abin da ya rage gare mu

Laifin ba na gajarta ba ne. Mustafa Alhasan, ɗaya daga cikin iyayen sinimar Nijar, da gajerun finafinai ya fara, tun daga Aure na 1962. A 1966, cikin Bon voyage Sim, da ƴan kwaɗi na zane da ƴan mintoci kaɗan ya faɗi gaskiya game da shagalin masu mulki wadda dogon jawabi ba zai faɗa ba. Ashe ɗan lokaci yana iya ɗaukar magana mai nauyi, in mai fim ya san inda zai kafa kyamararsa. Da wani zai kafa tasa a ƙofar gidan Ceyte, wajen uwar da ta zo tambayar ɗiyarta aka kore ta, da ya yi fim mai ban tsoro ba tare da ɗigon jini ba, kuma da ya fi kusa da abin da shaidu suka faɗa.

Kakanninmu sun fi masu waɗannan finafinai adalci. Mai tatsuniya tana buɗewa da ga ta nan ga ta nanku, ta rufe da ƙurunƙus, ta ɗora wa Gizo ƙaryar da ta yi, yaro ya tashi ya san inda wasa ya tsaya. Fim ɗin da ke cikin salula kuwa da «labari ne na gaskiya» yake rufewa. Tun da ba ya sa wa kansa iyaka, mu ne za mu koya wa yara su sa masa. Hana kallo ba zai yiwu ba, kuma ba shi da amfani. Amma malamin tarihi da na Faransanci da na Hausa suna iya haɗuwa su ɗauki irin wannan fim guda, wanda babu batsa a cikinsa, a kalla tare, sa'an nan a tambaya: wa ya fara ba da wannan labari, shekara nawa bayan abin ya faru, me zai samu idan aka yarda da shi, kuma su wa aka nuna ba a ba su baki ba? Ƙungiyoyinmu da ke shirya kallon sinima a gidajen matasa na Maraɗi da Damagaram da Tawa da Yamai suna iya yin haka a zama ɗaya na maraice.

Ranar Laraba da ta biyo na mayar wa ɗalibata amsa. Na ce mata matar an yi ta, ƴan mata kuma sun mutu a gidanta, adadinsu na gaskiya ya bi su kabari. Wankan jini kuwa wani ne ya rubuta shi bayan fiye da shekara ɗari. Ta yi shiru, sa'an nan ta ce: «To, Mushe, su yaran, ba wanda ya yi fim a kansu?» Na ce mata wannan aiki yana nan yana jiran mai yi. Allah ya ba mu ɗalibai masu irin wannan tambaya, mu kuma ya ba mu haƙurin amsa musu da gaskiya.